Yadda Ake Gina Ƙungiyar Asiri Ta Makaɗa Masu Juya Duniya A Cikin Labari

Marubuci kan so ya saka wasu ɓoyayyun mutane a labarinsa, waɗanda in suka taɓa tsirkiya dalma ta koma zinariya, ko kogi ya sauya hanya. Abin da ke kashe irin wannan labari shi ne a bar kiɗan ya yi duk abin da marubuci ya ga dama. Mai karatu zai gane da wuri, ya ajiye littafin. Ga yadda za ka gina ƙungiyar ta tsaya da ƙafafunta.

Mataki na farko, ka nemi tushe a tarihi. A Basra, a ƙarni na 10, an yi wasu masana da ake kira Ikhwanus Safa. Sun ɓoye sunayensu, har yau ana gardama kan ko su wane ne, amma sun bar wasiƙu 52, ɗaya daga ciki kacokan a kan kiɗa. A cikinta sun haɗa tsirkiyoyi huɗu na molon Larabawa, wato udu, da asali huɗu na halitta: siririyar tsirkiya wuta ce, mai bi mata iska, ta uku ruwa, mai kauri kuma ƙasa. Sun kasa mabiyansu hawa huɗu bisa shekaru: 15, 30, 40 da 50. Ka ga tsarin ƙungiya ya samu ke nan, saura ka sa masa rai. Daga wajen Jabir ɗan Hayyan kuma, wanda ake jingina masa littattafai masu yawa na alkimiyya, wato sana'ar neman juya ƙarfe ya zama zinariya, sai ka ari ra'ayin cewa kowane ƙarfe haɗin zaiba ne da farar wuta, awonsu da tsabtarsu ne suka bambanta dalma da zinariya. Ita kanta kalmarmu ta kimiyya daga wannan sana'a ta fito.

Na biyu, ka zaɓi abin kiɗa ɗaya, ka san shi kamar yunwar cikinka. Nan ne nake so ka daɗe. In goge ka zaɓa, je ka zauna kusa da mai goge. Dubi yadda yake shafa ƙaro a izgar doki kafin ya fara, da yadda fatar ke saki da damina har sai an kanga ta a wuta. In kalangu ne, lura da yadda hammata ke matse tsarkiyoyin jikinsa, murya ta hau, a sassauta ta sauka, har ya kira sunan mutum ba tare da baki ba. Gangar da ke magana kuwa ba sai ka wahala wajen shawo kan Bahaushe cewa za ta iya ba da umarni ba. Waɗannan ƙananan abubuwa su ne za su sa a yarda da manyan.

Akwai gwajin da za ka iya yi da hannunka. Ɗaure faifan ƙarfe ta tsakiya, barbaɗa masa rairayi mai laushi, sannan ka goga bakan goge a gefensa. Rairayin zai yi ta tsalle, ya taru a layi-layi, zane ya fito. Sauya wurin gugar, zanen ya sauya. Wani Bajamushe, Ernst Chladni, ya wallafa bayanin wannan a 1787. Sa almajirin ƙungiyarka ya ga haka a daren farko, a bayan maƙera, zuga-zugi na huci.

Na uku, kafa doka, kuma kada ka karya ta. Kowane take aiki ɗaya yake yi. Taken da ke narkar da tagulla ba zai tsayar da ruwan sama ba.

Na huɗu, sa wa kiɗan farashi. A ganina wannan ya fi komai. Tunda alkimiyya awo ce, duk abin da aka ƙara a nan an rage shi a can. Makaɗin da ya jawo ruwa garinsu ya busar da rijiyoyin garin maƙwabta. Ko kuma duk taken da ya kaɗa, ya rasa jin wannan sautin har abada, ta yadda shugaban ƙungiyar, wanda ya fi kowa aiki, kurma ne, da tafin ƙafa yake jin ganga.

Na biyar, ba su dalilin ɓuya. Tsoron sarki ya maishe su makaɗan yaƙi ya isa dalili. Mun san tambari da kakaki ba kowa ake kaɗa wa ko busa wa ba, don haka rikici tsakanin fada da masu kiɗan da ya fi na fada ƙarfi ba zai zama baƙo ga mai karatu ba. Ka ɓoye su a fili: mai kukuma a bakin kasuwa, tsohuwa mai shantu, masu daka da luguden da ba a san saƙo ba ne.

Daga nan sai ka ɗauki takarda ka rubuta take bakwai kacal, kowanne da aikinsa da abin da yake ci. Fara babin farko da ranar da wani almajiri ya kaɗa na takwas.