Kurakuran da ɗalibai suka fi yi wajen gyaran muƙalolin kufai da kayan tarihi a Wikipedia

Duk lokacin da aka ba ɗaliban jami'a aikin gyara muƙalolin Wikipedia a kan kufai da kayan tarihin da ake tonowa daga ƙasa, kurakurai iri ɗaya ne ke dawowa, har mutum ya gaji da bin sawu yana gyarawa. Ba ƙwazo suka rasa ba, gaggawa ce ta yi musu yawa, kuma gaggawar ta fi yin ɓarna a abubuwa biyun da mai karatu ke ɗauka ya tafi da su, wato sunan wuri da shekarunsa.

Matsalar suna ita ce ta fi cinye mini lokaci. Wuraren tarihi na ƙasar Hausa da maƙwabtanta sun shiga littattafai ta bakin Turawa iri biyu, kowanne da yadda kunnensa ya ji. Bafaranshe ya rubuta Tessaoua da Tahoua da Dogondoutchi, alhali Bahaushe Tasawa da Tawa da Dogon Dutsi yake cewa. Bature ɗan Ingila ya rubuta Kotorkoshi inda mutanen Zamfara ke cewa Kwatarkwashi. Babban birnin Barno da aka watsar a 1808 kuwa za a same shi a matsayin Ngazargamu, ko Gazargamu, ko Gazargamo, gwargwadon littafin da aka buɗe. Ɗalibi sai ya nemi suna da rubutu ɗaya, ya ga babu, ya ɗauka ba a taɓa rubuta muƙalar ba, ya buɗe sabuwa. Sakamakon shi ne muƙala biyu ko uku a kan kufai guda, kowace da nata shekarun, kuma haɗe su wuri ɗaya ba tare da an ɓatar da tarihin gyaran kowa ba aiki ne da ke cin yini.

Wanda ya fi wannan muni shi ne ɗalibin da ya ga kansa mai gyaran rubutu, ya bi muƙala daga sama har ƙasa yana sauya kowane suna zuwa yadda yake ganin ya dace, har da sunayen da ke cikin taken littattafan da aka kafa hujja da su. Wannan ba gyara ba ne, ɓarna ce. Makabartar sarakunan da ke yankin Mani a jihar Katsina, wadda Palmer, wani jami'in mulkin mallaka ɗan Ingila, ya fara tonawa a 1907 aka kuma sake tonawa a 1992, ingantacciyar Hausarta ita ce Durɓi ta Kusheyi, amma masu binciken da suka wallafa rahotonta Durbi Takusheyi suka rubuta. Idan aka goge wannan rubutun gaba ɗaya daga muƙala, an datse hanyar da mai karatu zai bi ya kai ga rahoton, domin injin bincike bai san cewa sunayen biyu wuri ɗaya suke nufi ba. Abin da nake yi shi ne in sa wa muƙala taken da masu wurin ke faɗa, da ƙugiyoyinsa cikakku, in kawo sauran rubuce-rubucen a jimlar farko, in buɗe wa kowannensu shafin da zai tura mai nema zuwa ainihin muƙalar, sannan in bar taken littafi yadda marubucinsa ya buga shi ko da ina ganin ya yi kuskure. Akwai editocin da suka fi son a bi rubutun taswirar hukuma a take, kuma ban ce ba su da hujja ba. Abin da ban yarda da shi ba shi ne a sauya wa muƙala suna cikin dare ba tare da an rubuta ko layi ɗaya a shafin tattaunawa ba.

Kamanceceniyar suna ma tana jefa su rami. Gobero makabarta ce a hamadar Tenere ta Nijar, wadda ayarin wani mai bincike Ba'amurke, Paul Sereno, ya ci karo da ita a 2000, kuma mutanenta sun rayu dubban shekaru kafin a san wata daula mai suna Gobir. Ba ta da alaƙa da Gobirawa, ba ta kuma da alaƙa da hasumiyar Gobarau ta Katsina. Wanda bai tabbata ba ya duba taswira kafin ya haɗa mahaɗi.

Sai batun shekaru, inda a gaskiya uzurina ga ɗalibi ya ƙare. Rahotannin tono suna amfani da harufan BP, ma'ana shekaru kaza kafin yanzu, kuma masana sun tsayar da 1950 a matsayin wannan "yanzu" ɗin. Ɗalibi sai ya ga BP ya karanta shi BC, ya rubuta "kafin haihuwar Annabi Isa". Kwalekwalen Dufuna, wanda wani makiyayi ya gano yana haƙar rijiya a 1987 a yankin Fune na jihar Yobe ta yau, aka kuma fito da shi a 1994, yana da kimanin shekara 8,000 a duniya. Wannan na nufin wajen shekara 6,000 kafin haihuwar Annabi Isa, ba 8,000 ba. Harafi ɗaya ya ƙara wa jirgin shekara kusan 2,000, daga nan wani ya kwafa ya kai Facebook, wani ya kwafa ya sa a jingarsa, kuma babu wanda zai koma ya tambayi inda lambar ta fito. Mutumin da ke shekara ta uku a sashen tarihi, in har bai iya tsayawa ya karanta haruffa biyu ba, bai kamata ya taɓa lamba a kundin da dubban mutane ke karantawa ba. Haka kuma kalmar "kimanin" ba ado ba ce. Gwajin gawayi ko itace tazarar shekaru yake bayarwa, ba ya bayar da ranar haihuwa, don haka wanda ya goge ta domin jimla ta yi kyau ya faɗi abin da mai binciken bai faɗa ba.

Tsohon littafi ma yakan yaudare su. Abin da Bernard Fagg, masanin tono ɗan Ingila, ya rubuta bayan 1943 a kan Nok, wato tsohuwar al'adar masu yin mutum-mutumin yumɓu a tsakiyar Najeriya, tushe ne mai daraja, amma ayarin Jami'ar Frankfurt da ya fara aiki a yankin a 2005 ya mayar da farkon wannan al'ada zuwa wajen shekara 1,500 kafin haihuwar Annabi Isa. A kawo duka biyun, a faɗi wanda ya riga wani. Kuma a daina rubuta "ƙabilar Nok": sunan ƙauyen da aka fara samun mutum-mutumin ne a kudancin Kaduna aka laƙaba wa kayan, babu wanda ya san sunan da masu yin su ke kiran kansu.

Sauran ƙanana ne. Labarin Bayajidda da rijiyar Kusugu a rubuta shi a matsayin tarihin baka, kada a gwama shi da sakamakon tono kamar hujja ɗaya ce. Fassarar na'ura a karanta ta kafin a wallafa, domin takan mayar da kalmar Turanci "site", wato wurin tono, ta koma "shafin yanar gizo". Hoton da aka samo a intanet ba na wanda ya samo shi ba ne. "Malaminmu ya ce" ba madogara ba ce.

Akwai kuma abin da ɗalibi ke yi da kyakkyawar niyya, wato ya je kufai ya ɗauko lambobin da ke nuna ainihin wurin a taswira da wayarsa ya liƙa a muƙala. Mutum-mutumin Nok da na Sakkwato da na Katsina suna cikin jerin kayan Afirka da aka fi sata, wanda majalisar gidajen tarihi ta duniya ta fitar a 2000, kuma masu haƙar sata su ma suna karatu. Wurin da hukuma ta riga ta bayyana kuma take gadinsa, kamar Sukur a jihar Adamawa ko Surame a jihar Sakkwato, babu laifi a nuna shi a taswira. Wanda ba shi da mai gadi kuwa, sunan ƙaramar hukuma kawai nake rubutawa, in kuma na tarar wani ya sa lambobin, ina cire su in bayyana dalili a shafin tattaunawa.