Ranar farko da gitarka a situdiyo

Ƙanina, tunda an kira ka ka kaɗa a faifan wani, zauna ka ji abin da na koya tun ina rungumar gita a cikin trotro, motar haya, daga unguwar Nima ta Akra.

Ka canza tsirkiya kwana biyu kafin ranar. Sabuwa takan yi ta saki, ita kuwa tsohuwa iskar tekun Akra ta riga ta cinye ta da tsatsa. Ka tafi da kebul biyu. In amfilifayarka daga Amurka aka aiko maka, duba bayanta: tasu wutar 120 ce, tamu 230, ba tiransifoma sai hayaƙi.

Na san zuciyarka na wurin solo, inda gita ke fitowa ita kaɗai, irin na gwanin gita Jimi Hendrix. Tawa ma can take. Amma wanda ya kira ka waƙarsa ya kawo, kuma sau da yawa abin da yake nema bai wuce 'yan layuka a bayan muryar mawaƙi ba. Ka saurari waƙar sau biyu hannunka a aljihu. Ka gano inda murya take numfashi, nan ne wurinka. In furodusa ya ce rage, ka rage, ko da abin da aka cire shi ne ya fi maka daɗi. Jimmy Page ya yi shekaru a Landan yana kaɗa wa wasu, sunansa ba ya ko fitowa a jikin faifai, kafin ya kafa ƙungiyar rok ta Led Zeppelin a 1968. Kullum ka yi atisaye da kilik, ƙarar da ke riƙe maka saurin kiɗa, a kunne, domin mai gaggawa ɓata wa injiniya dare yake yi, kuma awa-awa ake biyan ɗakin.

Kada ka raina hailaif, kiɗanmu na Gana. A garin nan rok kaɗai ba ya ciyar da mutum. Saurari yadda Koo Nimo na Kumasi yake tsinkar tsirkiya da yatsu, da yadda 'yan ƙungiyar Osibisa suka gauraya kiɗan gida da rok tun 1969.

Maganar kuɗi kuma, a gama ta kafin ka jona kebul: kowace waƙa nawa, ko yini nawa, kuma yaushe za a tura Momo, wato kuɗi ta waya. Na taɓa kaɗa waƙa shida kan alkawarin "in faifai ya fita". Ya fita, ina jin gitata a rediyon trotro, ko sidi ɗaya na kuɗin aikina ban gani ba har yau.