Ba kowane haƙori daga dutse ba ne na dainoso

Duk shekara sai na fita da ɗalibaina wajen Dange ko Goronyo, kuma duk shekara sai wani ya rugo da guntun haƙori a hannu yana haki: "Malam, na samu Tireks!" Na gaji da maimaita magana ɗaya, shi ya sa na rubuta.

Tyrannosaurus rex, ƙaton dainoson da ake kira Tireks, bai taɓa taka Afirka ba. A Arewacin Amurka ya rayu, shekaru miliyan 68 zuwa 66 da suka wuce. A lokacin nan ƙasarmu ta Sakkwato teku ce, ruwan gishiri da ya ratso Sahara. Abin da aka ciro a Goronyo, wanda aka laƙaba wa suna Goronyosaurus a 1972, ƙaton ƙadangaren teku ne, dangin guza da damo. Sokotosuchus kuwa, mai ɗauke da sunan garinmu, kada ne. Babu dainoso ko ɗaya a cikinsu. Masu zuwa Kalambaina su ne suka fi ba ni haushi, domin dutsen da ake siminti da shi ya kwanta ne bayan dainoso sun ƙare. Me kake nema a can? Katantanwar teku za ka samu, ka gode Allah.

Mai son manyan dainoso maciya nama ya dubi maƙwabta. A Gadufawa ta Nijar, cikin Tenere, tawagar Paul Sereno ta tono Suchomimus a 1997, mai tsawon kusan mita 11, da baki zungurere irin na kada da farce kamar lauje. Afrovenator ma daga yankin Agadas ya fito. Kuma haƙoransu ba iri ɗaya ba ne, wanda nan ma ake tafka kuskure. Na Carcharodontosaurus, wani ƙaton dainoson Afirka, faffaɗa ne kamar wuƙa, gefensa da tsaga irin ta zarto, don yankan nama. Na Suchomimus mulmulalle ne mai tsini, don riƙe abu mai santsi. Ɗan'uwansa Baryonyx da aka samu a Ingila a 1983 har da ɓawon kifi a cikinsa, ka ga ba hasashe kawai ake yi ba.

Amma kuskuren da har yau nake jin zafinsa nawa ne. Ina sabon malami, na ga ƙashin baya guda uku a jere cikin bangon wani kwari. Ɗoki ya kwashe ni. Na ari fartanya wurin wani manomi na ɓanɓare su, na zuba a leda, na ɗaure a bayan babur. Da na isa gida sai na sa su a bokiti da sabulu da buroshi, wai in ga kyansu. Biyu suka narke kamar hoge a ruwa. Na ukun na kai wa wani masanin duwatsu, ina jiran yabo. Ya juya shi sau ɗaya ya ce, "Malam, daga wace shimfiɗa ka ciro shi? Me ke samansa, me ke ƙarƙashinsa?" Na yi tsuru-tsuru. Ya miƙo mini abina ya ce yanzu ya zama dutsen danne takarda. Bayan damina na koma neman wurin, ruwa ya riga ya cinye bangon, tare da duk abin da ya rage na dabbar.

Shimfiɗar dutsen ita ke faɗin shekaru, ita ke faɗin ko teku ce ko bakin kogi. Ka raba ƙashi da ita, ka yage shafin farko na takarda. Ni dai yanzu ba na barin yaro ya taɓa komai sai ya ajiye biro kusa da shi ya ɗauki hoto, ya ja baya ya ɗauki bangon gaba ɗaya, ya adana wurin a wayarsa. In abin yana cikin dutse, a nan muke barinsa mu sanar da masana. Wasu abokan aikina suna cewa na cika tsanani. Su ba su ga bokitina ba.

Sauran kurakuran ƙanana ne. Dainoso ba su yi zamani da mutane ba, ko kusa. Masu fiffiken fata da kuke gani a hoto ba dainoso ba ne, alhali kazar gidanku jikarsu ce. Ba duka suka rayu lokaci ɗaya ba: tsakanin Suchomimus da Tireks akwai fiye da shekaru miliyan 40. Kuma don Allah a daina rantsuwa kan launin fatarsu ko kukansu saboda an gani a fim. Ƙashi ba ya riƙe murya.