Kurakuran da ake yi wajen kai rikicin bashi da na haya caji ofis a Legas

Kuskuren da ya fi yawa tsakanin 'yan kasuwarmu na Mile 12, Agege da Alaba Rago shi ne ɗaukar caji ofis tamkar wurin karɓo bashi. Mutum zai ba abokin ciniki buhunan albasa a kan zai biya bayan ya sayar, wa'adi ya wuce bai kawo kuɗi ba, sai mai kaya ya garzaya wurin DPO ya nemi a kamo shi. Sashe na 32 na Dokar 'Yan Sanda ta 2020 ya hana kama mutum saboda saɓa yarjejeniyar ciniki kawai, kuma wanda aka tsare a kan bashi yana iya zuwa babbar kotu neman haƙƙinsa, a ci tarar 'yan sandan tare da wanda ya kai ƙarar. Ke nan mai bin bashi na iya wayar gari shi ne zai biya diyya.

Gyaran shi ne a fara rubuta wa mutum takardar neman biya, a adana rasit, shaidar tura kuɗi ta banki da saƙonnin WhatsApp, sannan a nufi kotun ƙananan ƙararraki da jihar ta buɗe a kotunan majistare a 2018. Tana sauraron bashin da bai wuce naira miliyan 5 ba, ba dole sai da lauya ba, kuma ƙa'idarta ita ce a gama shari'a cikin kwana 60. Wanda ba ya son zumunci ya ɓaci yana iya fara bi ta shugabannin kasuwa ko fadar Sarkin Hausawa, ko cibiyar sulhu ta Citizens' Mediation Centre, wadda ba ta karɓar ko sisi.

Wasu kuma, da sun ji cewa bashi ba hurumin 'yan sanda ba ne, sai su yi wa maganar kwaskwarima su ce damfara ce. Wannan ganganci ne, domin yi wa 'yan sanda ƙarya laifi ne mai zaman kansa. Amma idan tun farko mutum ya karɓi kaya da sunan bogi, ko ya ba da cek yana sane babu kuɗi a asusunsa, to lamarin ya zama laifi, kuma kai rahoto daidai ne.

Masu gidajen haya ma suna faɗawa wannan rami. Ɗan sanda ba shi da ikon fitar da ɗan haya. A yawancin unguwannin Legas, idan babu wata yarjejeniya a rubuce, Dokar Haya ta 2011 ta ba mai biyan shekara notis na wata 6, mai biyan wata-wata kuma wata 1, daga nan sai notis na kwana 7 kafin a je kotu. Mai gidan da ya cire ƙofa ko ya kware rufi don ya kori mutum, shi ne ya aikata laifi.

Haka nan doka ta hana kama ɗan'uwa, mata ko yaron shago a madadin wanda ake nema. Idan hakan ta faru, a nemi lauya nan take, kuma kada a sa hannu a takardar alƙawarin biyan bashin wani don kawai a samu fita.