Yadda za ka kalli fim ɗin CERN ba tare da kanka ya ɗaure ba

Ranar farko da na kunna Particle Fever, fim ɗin 2013 a kan katafaren injin nan na CERN, cibiyar binciken kimiyya ta Turai, ko minti ashirin ban yi ba barci ya kwashe ni. Laifina ne, na tsaya ƙoƙarin gane lissafin da suke zubawa a allo. Kai kam ka bar lissafin, ka bi mutanen.

Abin da za ka riƙe kafin ka kunna kaɗan ne. Injin yana cikin wani rami zagayayye mai tsawon kilomita 27, kimanin mita 100 a ƙarƙashin ƙasa, a kan iyakar Suwizalan da Faransa. Ana cilla ƙwayoyin furoton, wasu ƙananan ƙwayoyi da ke cikin ƙwayar zarra, su yi taho-mu-gama, sai a tsaya duba tarkacen. Ka kuma kunna rubutun ƙasan allo, don Turancin nasu kowa da harshen garinsu.

Mutanen kashi biyu ne. Masu alli da allo su ne ke hasashe. Masu hular kwano su suka gina injin, su ke kwana gadinsa. Duk wanda ya buɗe baki, tambayi kanka daga wane ɓangare yake, nan take gardamarsu za ta yi maka ma'ana.

Kada ka tsallake Satumbar 2008. An kunna injin ranar 10 ga wata ana ta tafi, bayan kwana tara haɗin wuta tsakanin maganaɗisu biyu ya ƙone. Gyaran ya ci sama da shekara. Dubi fuskokinsu kawai a nan. Ni a ganina wurin ya fi ko'ina daɗi.

In an zo 4 ga Yuli, 2012, ranar taron sanar da sakamako, sai ka dakatar da hoton a kan zanen da aka haska. Layi ne ke gangarowa, sai wani ɗan tudu kamar ƙurji a wajen lamba 125. Wannan tudun shi ne alamar ƙwayar Higgs, wadda aka daɗe ana nema don ita ke bayyana yadda sauran ƙwayoyi ke samun nauyi. Tawaga biyu, ATLAS da CMS, kowace da na'urarta, duk suka gan shi a wuri kusan ɗaya, shi ya sa aka gaskata. Daga nan ka sake kunnawa, ka nemi tsohon nan mai share hawaye a cikin taron. Peter Higgs ke nan, wanda ya yi hasashen tun 1964, ya jira shekara 48.