Masu karatun Chaucer, ga shawara

'Yan uwa ɗaliban Turanci, in an haɗa ku da waƙoƙin Chaucer, tsohon marubucin waƙoƙin Ingila, kar ku ɓata kuɗi wajen sayen kamus, ku nemi Middle English Dictionary na Jami'ar Michigan a intanet, kyauta ne.

Kamus ɗin wayarku na Turancin yau ne, shi kuwa mutumin nan tun 1400 ya rasu, kalmomi da yawa ma'anarsu ta canza, sai ku fassara baiti a karkace ba ku ma sani ba.

Sai dai fa a zamanin kowa yadda ya ga dama yake rubuta kalma, in ba ta fito ba ku canza harafi ku sake nema.

Kuma kamus ɗin na Michigan a Turancin wajen shekarar 1500 ya tsaya, bai kai Shakespeare ba. Waƙar Beowulf kuma, da Turancinta ya girmi na Chaucer, sai kamus ɗin Bosworth-Toller.