Yadda Ake Ɗaukar Gajeren Fim a Maƙera a Legas

Kafin ka ciro waya, nemo maƙerin tukuna. Hanya mafi sauƙi ita ce ta mahauta: shiga kwatar Oko-Oba a Agege ka tambayi wanda ke ƙera musu wuƙa, za su nuna maka. Ranar farko ta gaisuwa ce. Ka durƙusa ka ce, "Baba, sannu da aiki," ka faɗi abin da ya kawo ka da inda za ka saka fim ɗin. Kada ka je hannu rabbana, ka riƙe goro da ɗan kuɗin gawayi.

Sai ka zaɓi abu ɗaya tak ka bi shi. Ni na fi son wuƙa, tun tana guntun sifirin ɗin tsohuwar mota har ta isa hannun mahauci. Fim na minti biyar ya ishe ka.

Sauti shi ne ran wannan aiki, kuma a nan Legas take ba mutum wahala. Ƙarar janareta da hon ɗin motocin haya na danfo sukan danne komai, don haka ka sammaka bayan asuba. Ka naɗi numfashin zugazugi shi kaɗai, sannan dukan masaba a kan uwar maƙera, da "cuuu" ɗin da jan ƙarfe ke yi idan an tsoma shi a ruwa. Hira kuwa ka bari sai wuta ta lafa. Maƙala masa ƙaramin makirfo a wuyan riga, ka tambaye shi wa ya koya masa ƙira, sai ka yi shiru ka bar shi.

Kada ka kunna fitilar waya. Da launin ƙarfe maƙeri ke gane zafinsa, shi ya sa yake son inuwa. Riƙe wayar a kwance, danna allo daidai kan jan ƙarfen, ka rage haske. Ɗauki hannun da ke riƙe da awartaki, da zufar yaron da ke zuga. Ka ɗan ja baya daga wutar. Tawa wayar zafi ya kashe ta daidai lokacin da wuƙar ke shiga ruwa, har yau abin yana yi mini ciwo.

Wajen haɗa fim ɗin manhajar CapCut ta wadatar, amma kada ka ɗora kiɗa a kan masaba. Sa fassarar Yarbanci ko Turanci a ƙasa saboda maƙwabta. Kafin ka ɗora a YouTube, koma maƙerar ka miƙa wa Baba wayar ya fara kallo.